Ƙararrawar da Aka Cika da Kaki

Na san cikinku akwai masu cewa ni na jawo wa kaina, kuma ba zan yi musu ba. Amma ku ji yadda aka yi tukuna, sai ku zage ni da hujja.

Sunana Nodoka Shirahata, shekarata ashirin da shida. Shekara bakwai ke nan ina Tokyo ina ɗora murya a finafinan zane. Kada ku wahalar da kanku wajen tuna sunan, ba ku taɓa ganinsa ba. In kun taɓa jin wata mata can cikin taro ta ƙwala "Wayyo, gobara!", ko wata ɗaliba ta yi dariya a bayan aji, to ni ce. A jerin sunayen da ke wucewa a ƙarshen shiri, ni ce "mata ta uku". Ran da abin ya yi kyau, "mata ta biyu".

Gidanmu a Tsuruoka yake, shagon kyandir mai zanen furanni, irin wanda ake kunnawa a gaban magabata idan ƙanƙara ta rufe ƙasa babu furen tsinka. Baba shi ne na bakwai da ya gaji shagon, ni kaɗai kuma ya haifa. Kun dai gane inda maganar ta dosa.

Ranar biyu ga sabuwar shekara muna zaune a kotatsu, gajeren teburin nan mai ɗumi a ƙarƙashi, ƙafafu cikin bargo, Baba yana ɓare lemu a hankali kamar mai yi masa tiyata, ya ce, "Ƙarshen Maris."

Na ce, "Na me, Baba?"

"In ga sunanki a talabijin kusa da sunan mutum. Mutum mai suna, ba mata ta uku ba. In na gani, ba zan ƙara ce miki komai ba. In ban gani ba, ki tattaro ki dawo, a yi maganarki da Kosaku."

Mama ta yi saurin turo mini kofin shayi. "Sha, 'yar nan, kafin ya huce. Ai babanki ya yi haƙuri. 'Yar gidan mai awara da kuka yi aji ɗaya, cikinta na uku ke nan."

"Mama, ni ba na sonsa."

"Ni ma haka na ce a kan wannan," ta nuna Baba da haɓa, "ga mu nan ba wanda ya mutu."

Kosaku shi ne babban ma'aikacin Baba. Yana da sha takwas ya zo koyon sana'a, lokacin ina sha uku, shi ya sa har yau Yaya nake ce masa. In aka yi auren zai shigo gidanmu ya ɗauki sunan Shirahata, kamar yadda kakana ya yi. Dogo ne, tafin hannunsa duk ya faffashe da kaki, kuma in ya yi magana goma a wuni sai Mama ta tambaye shi ko giya ya sha.

Amma yana da wata ɗabi'a da ke ɗaure mini kai. Duk shirin da na yi, ko ban gaya wa kowa ba, sai saƙonsa ya shigo:

"Minti na goma sha biyu. Matar da ta yi tari a cikin bas. Ke ce."

Mutum ashirin muna hayaniya a gaban makirfo ɗaya, ni kaina ba na tsinto muryata, shi sai ya tsinto. Bai taɓa kuskure ba. Ku riƙe wannan, za mu dawo kansa.

Shi ya kai ni tashar jirgin ƙasa ran da zan koma. Ƙanƙara na sauka, ya ajiye mini akwati, ya yi ta laluben aljihu, sannan ya miƙo mini wani abu a tafin hannu. 'Yar ƙararrawa ce ta tagulla, ba ta fi kan ɗan yatsa ba, da jan zare, irin wadda ake karɓowa a wurin ibadar kan dutse don neman sa'a.

Na yi dariya. "Haba Yaya Kosaku! Ƙararrawa? Ka san aikina kuwa? Mu da ko cikin mutum ya yi ƙugi sai an sake ɗauka?"

"Girgiza ta."

Na girgiza. Shiru. Na kai kunne na ƙara girgizawa, ko ƙis.

Ya ce, "Na cika ta da kaki. Sa'ar na ciki, ƙarar ce babu."

"To sa'ar me ka roƙa mini? In samu suna, ko in rasa in dawo?"

Ya kalli layin dogo. "Jirginki ya iso," ya ce.

Yanzu ga abin da ban gaya wa kowa ba sai ku. Ni da na ce wa Mama ba na sonsa, tun a cikin jirgin na rataya abin a wuya, na tura shi can ƙarƙashin riga. Da shi nake kwana, da shi nake tashi. In kuka tambaye ni dalili, zan ce sa'a nake nema. Ku yi kamar kun yarda.

Sa'ar kuwa ta zo. Kun san shirin Nagiro, muzurun nan mai gadin tashar jirgin ruwa, da ake nunawa duk Lahadi ƙarfe shida. Shekara talatin da ɗaya yana tafiya, da shi aka yaye ni. Shekara biyu ina cikin masu hayaniyar tasha a shirin. Tsakiyar Janairu aka kawo mini rubutun kashi na ƙarshe, na buɗe shafin farko, sai ga shi baƙi a kan fari: Sayo, mai sayar da tikiti, Shirahata Nodoka. Layi uku ne kacal, amma Sayo mutum ce mai suna. Kuma ranar Lahadin ƙarshe ta Maris za a nuna.

A tsaye a bakin ƙofar ɗakina na yi kuka, takalmi ɗaya a ƙafa. Na ɗauki hoton shafin na tura gida.

Mama: "Kai! Kai! Kai! Zan dafa jar shinkafar biki!"

Mama: "Amma fa Kosaku yaron kirki ne."

Baba: "Sai na gani."

Kosaku: "Barka."

Na daɗe ina kallon wannan "barka" ɗin. Ko alamar murmushi bai sa ba.

Ranar ɗauka Alhamis ce cikin Fabrairu, ƙarfe goma na safe, sanyi kamar zai tsaga ƙashi. Na yi shigar aiki yadda aka koya mana tun makaranta: rigar auduga mai laushi wadda ba ta ƙarar gogayya, baƙin wando mara zif, takalmin roba mai tafin soso. Ba 'yan kunne, ba agogo, ba abin gashi na ƙarfe. Na ci dunƙulen shinkafa guda don kada ciki ya tona mini asiri. Da na leƙa taga na ga numfashin mutane na tashi kamar hayaƙi, sai na ɓare kairo, 'yar jakar ɗumin nan da ake mannawa a riga, na manna ta a kan singileti daidai ƙirji, don maƙogwaro ya kasance da ɗumi. Tara da rabi na kashe waya a bakin situdiyo na jefa ta jaka.

Ɗakin ɗaukarmu makirfo huɗu ne, mu kuma goma sha huɗu. Kowa ya san lokacinsa: ka taso ba sauti, ka faɗi layinka, ka ja baya ba sauti, na gaba ya shiga. Ko shafi za ka juya, sai ka ɗaga shi can nesa da makirfo ka juya kamar mai taɓa ƙwai. Ƙanana irina kusa da ƙofa muke zama, mu ke buɗewa mu rufe. Kujerar tsakiya kuwa ta mutum ɗaya ce.

Toyoko Hirasaka-san. Shekararta saba'in da huɗu, ita ce Nagiro tun ranar farko. 'Yar ƙaramar tsohuwa ce, in ta zauna ƙafafunta ba sa kai ƙasa, amma in ta shigo har darakta sai ya miƙe. Tun lokacin kaka maƙogwaronta ya kama ciwo, shi ya sa ma za a rufe shirin. Washegarin ranar za a yi mata aiki, likita kuma bai ɓoye mata ba cewa da wuya muryar ta dawo. Ta daina magana sai a gaban makirfo, ta koma yawo da ɗan farin allo da alƙalami. Lokacin gwaji, kafin ɗauka ta gaske, ni darakta ke sa wa in karanta layukanta don ta adana abin da ya rage. Wata biyar ina haka, har na san inda take jan numfashi.

Darakta Minegishi-san ya yi magana ta lasifika daga bayan gilashi. "Jama'a, fitowar ƙarshe. Hirasaka-san ta ce ɗauka ɗaya ce a maƙogwaronta. Ɗaya. Don haka wanda zai yi atishawa ya fita ya yi yanzu."

Aka yi 'yar dariya, ta mutu nan take. Jar fitila ta kama.

A kan allo, jirgi na ƙarshe na shirin barin tsibirin, za a rufe tashar. Kowa ya hau. Na taso, na tsaya a makirfo na uku, ita tana na biyu, kafaɗata kusa da kanta.

"Nagiro," na ce da muryar Sayo, "ba za ka hau ba? Wannan fa shi ne na ƙarshe."

Ya fita tsaf. Na ji a jikina ya fita. Zuciyata ta ce, Baba, ga shi nan.

Hirasaka-san ta ja numfashi. Muryar ta fito a shaƙe, a tsufe, amma Nagiro ne, wanda na sani tun ina rarrafe.

"Ku sauka lafiya."

Na fara ja da baya kamar kullum, taki ɗaya a hankali.

"Ina n..."

Ƙilin.

Ƙarar ba ta kai ta faɗuwar allura a faranti ba. Amma a wannan ɗaki, sai ka ce an buga ganga. Ta ƙarasa kalmarta, fitila ta mutu, ba wanda ya motsa. Ni kuwa a lokacin na ji wani abu mai ɗumi yana bin ƙirjina a hankali, yana gangarawa ciki. Kaki. Awa biyu kairo na dafa shi ban sani ba.

Na dafe ƙirji da rubutun shirin, na danne ta. Na koma kujerata kamar mai ɗauke da ruwa a cokali.

Ta gilashi muna ganin injiniyan sauti ya duƙa a kan na'urarsa, ya saurara, ya murɗa, ya sake saurara. Minti goma. Sannan ya girgiza kai.

Minegishi-san ya ce, "Layin farko lafiya lau. Na biyun akwai ƙarar ƙarfe a kan kalmar ƙarshe, daidai inda muryar ta fi rauni. In aka cire ƙarfen, muryar za ta bi shi." Ya bi mu da kallo. "Wa ya shigo mini da ƙarfe?"

Kowa ya hau shafa aljihu, ana duba wuyan hannu. Injiniyan, mutumin kirki, ya ce ƙila wata waya ce ta taɓu a wajensa. Na ji wani sanyi ya ratsa ni. Ga ƙofa an buɗe mini, in dai na zauna ban motsa ba, ba mai sani har abada. Ba zan yi muku ƙarya ba, na zauna. Na danne ƙirjina na sunkuyar da kai, ina jin kunyar kaina kamar in nutse.

Hirasaka-san ta ɗaga yatsa ɗaya: a sake. Ta sha ruwan ɗumi, ta koma makirfo. Fitila ta kama. Ta buɗe baki, iska ce kawai ta fito. Ta sake. Iska, da wani ɗan kukan ƙofa. A karo na uku ta kama ƙarfen makirfon da hannu biyu, jijiyoyin wuyanta suka miƙe, tari ya sarƙe ta har sai da aka riƙe ta. Shekara talatin da ɗaya, kalma biyu suka rage mata, ni na cinye su.

Ban san lokacin da na tashi ba. Na isa gabanta, na zube a kan gwiwa, na kai goshi ƙasa. Kafin bakina ya furta komai, abin da ke wuyana ya riga ni.

Ƙilin. Ƙilin.

Wani ya ja tsaki. Wata ta ce, "Shekara bakwai tana aikin nan?" Na ce, "Ni ce. Ku gafarce ni. Ni ce."

Minegishi-san ya ce kowa ya fita ya sha iska. Aka bar mu mu huɗu: ni a ƙasa, ita a kujera, shi da injiniyan a tsaye. Ta miƙo hannu. Na ciro zaren na ba ta, kaki ya daskare a jikinsa fari-fari. Ta juya ƙararrawar, ta shinshina, ta ɗauki allonta.

"Kakin kyandir. Wa ya cika?"

"Wani ne a gida."

Ta ɗaga gira, ta goge, ta rubuta: "Wanin yana da hankali. Ke ce sakarai."

"Haka ne."

Minegishi-san ya murza goshi. "Ba mu da wata ranar. Gobe asibiti. Ko dai a rufe shirin a kan 'ku sauka lafiya', a yanke sauran, ko kuma..." Ya kalli tsohuwar. Ita kuma ni take kallo.

Ta rubuta: "Nagiro ba zai tafi bai ce yana nan ba. Yara za su zaci ya mutu."

Ta goge. Ta sake rubutawa, ta juyo mini allon: "Wata biyar kina satar numfashina. Biya."

Sai da na karanta sau biyu kafin na gane so take in faɗi layin a madadinta. Na ce, "Ni? A'a, Hirasaka-san, ban isa ba."

Injiniyan ya yi gyaran murya. "In za a yi haka, akwai matsala ɗaya. Sayo ce ke magana dab da layin. Maƙogwaro ɗaya sau biyu cikin daƙiƙa goma, mai kunne zai kama. Sai dai a ba wata layukan Sayo ta sake."

"Kuma ba sunanki a ko'ina," in ji Minegishi-san. "Ba a jeri ba, ba a ofishinku ba, ba a gidanku ba. Duniya za ta san Hirasaka Toyoko ce ta rufe shirinta da bakinta. In maganar ta fita, kin kashe ta sau biyu. Kin gane?"

Na gane sarai. Sayo ce takardar 'yancina, ita kaɗai, saura wata ɗaya da 'yan kwanaki wa'adin Baba ya cika, kuma ba a samun suna a wata ɗaya.

Tsohuwar ta rubuta a hankali: "Na san Sayo ce sunanki na farko. Ba dole."

Ba ta san zancen Baba ba. Da na gaya mata, na tabbata da ta ce a yanke layin. Maganar ta zo mini har baki. Sai na ga hannunta da ke riƙe da allon yana rawa, ta ɗora ɗayan a kai don kada mu gani.

Na ce, "A ba wata Sayo."

Sau goma sha ɗaya na faɗi kalma biyun nan. Goma na farko Minegishi-san cewa yake, "Kwaikwayo ne. Sake." Kafin na sha ɗaya ta sauko daga kujera, ta zo bayana, ta ɗora tafinta a tsakiyar bayana, ta miƙa wuya ta raɗa mini da iskar da ta rage mata: "Bar kwaikwayona. Faɗa wa wanda ya tsaya a tasha."

Na rufe ido. Na ga ƙanƙara, na ga dogon mutum hannu cikin aljihu yana kallon layin dogo. Na faɗa.

Sannan lasifika ta ce, "Mun samu."

Ta mayar mini da ƙararrawar, ta naɗe yatsuna a kanta. Aka kira sauran, aka ce musu Hirasaka-san ta samu ta yi da ƙyar, ni kuma an karɓe Sayo saboda laifina. Kowa ya ga daidai ne. Ni na riƙe wa wadda aka ba Sayo ƙofa ta shiga.

A bakin titi na kunna waya. Saƙo ɗaya, ƙarfe tara da minti arba'in da ɗaya, minti goma sha ɗaya bayan na kashe.

Kosaku: "Na ga an ce Tokyo da sanyi yau. Kada ki sa kairo kusa da ƙararrawar, kakinmu ba ya jure zafi. In kina sa ta."

Na tsaya a gaban injin sayar da shayi ina dariya ina hawaye, mutane na kauce mini. Na rubuta masa: "Ba na ma sa ta."

Da yamma na kira gida na ce an canja, an ba wata. Mama ta ce, "Ayya, 'yar nan," amma ina jin yadda muryarta ta saki. Baba ya karɓi wayar ya ce, "To." Shi ke nan.

Sauran makonnin na buga ko'ina. Gwajin neman aiki biyar na je, ba wanda ya kira. Labarin ƙararrawa ya riga ni zuwa kowane situdiyo, don a sana'armu ba abin da ke gudu kamarsa. Hirasaka-san ta fito daga asibiti, muryar ba ta biyo ta ba. Ta aiko mini da kati, layi ɗaya: "Kin riƙe sirrin?" Na mayar mata: "Na riƙe."

Lahadin ƙarshe ta Maris ta same ni a Tsuruoka da akwati biyu. Ina shiga ɗakin sama na tarar Mama ta baza kimono, kayan gargajiyar da ta yi nata baikon da shi, a kan sanda yana shan iska, ruwan hoda mai zanen reshen fure, duk ɗakin na warin maganin asu.

"Kawai dubawa nake ko asu ya ci," in ji ta, tun ban tambaya ba. "Tsaya in gani. Kin rame. Za a rage kafaɗa."

Ƙarfe shida saura, Baba ya rufe shago da wuri, abin da ba ya yi. Ya ce shirin da aka yi shekara talatin da ɗaya ana yi ya cancanci a zauna masa. Muka zauna a kotatsu mu huɗu. Jar shinkafar da Mama ta yi alkawari tana kan tebur, ta dai canja mata dalili. Kosaku na fuskantata, ya yi wanka ya sa farar riga mai maɓalli har wuya, ya ƙi haɗa ido da ni. Ƙararrawar na wuyana, na cusa mata auduga.

A talabijin, jirgi ya busa ƙaho. Sayo ta yi magana da muryar wata.

"Wannan ce taki?" in ji Mama. "Ai kin fi ta."

"Yi shiru," in ji Baba.

Nagiro ya zauna a bakin gaɓa, ya naɗe wutsiya.

"Ku sauka lafiya."

Na daina numfashi.

"Ina nan."

Kiɗa ya tashi, sunaye suka fara hawa. Mama na share hanci. Baba ya cire tabarau, ya goge ido da bayan hannu, ni ban taɓa ganin hawayensa ba ko ran da aka binne kakata.

"Kin ji?" ya ce, muryarsa a dushe. "Kalma biyun ƙarshen nan. Wannan ita ce sana'a, Nodoka. Mutum ya ba abu rayuwarsa har ya zama in ya ce kalma biyu sai ƙato ya yi kuka. Ba raina ki nake ba. Amma shekara bakwai, da akwai irin wannan a cikinki, da ya fito." Ya mayar da tabarau, ya bi jerin sunayen har ƙasa, don Baba ba ya zalunci. "Babu. To, alkawari ya cika."

Na ce, "E, Baba." Na ciji cikin kumatuna har na ji gishiri.

Wayata ta yi motsi a cinyata ƙarƙashin bargo. Na leƙa.

Kosaku: "Minti na ashirin da uku."

Kosaku: "Ukun farko nata ne. Biyun ƙarshe ke ce."

Na ɗago. Karon farko a ranar yana kallona, ido cikin ido, fuskarsa ta yi fari kamar kakin da yake murzawa. Ya san in ya yi shiru, nan da kaka ni matarsa ce, shago nasa, suna nasa. Ya san in ya buɗe baki, Baba zai sa ni a jirgin safe da hannunsa. Abin da bai sani ba shi ne akwai wata tsohuwa a Tokyo da ba ta da sauran komai sai kalma biyun nan.

Na rubuta: "Kada ka faɗa. Na yi alkawari. Don girman iyayenka, Yaya."

Ya karanta. Ya rubuta wani abu, ya goge, ya sake.

"Ƙararrawar, kina sa ta?"

Mama na zuba shinkafa tana lissafa waɗanda za a gayyata. Na kalli tambayar. Wannan karon ban iya ƙarya ba.

"Kullum."

Ya kife wayar a kan tebur. Ya janye ƙafafunsa daga bargo, ya ja baya, ya durƙusa sosai a gaban Baba, ya dafa tabarma da faffasassun hannayen nan nasa biyu. Cokalin Mama ya tsaya a sama. Ni kuwa ban san ko sirrin zai tona ko auren zai fasa ba.

"Maigida," ya ce, "ina da magana."